Jawabin Shugaban Tsangayar Injiniya a Bikin Yaye Ɗalibai



Tsangaya ta taka rawar gani a bana. An gyara ɗakin gwaji, an ƙaro kwamfutoci, ɗalibai kuma sun haɗa 'yar motar nan mai bin layi da kanta, wadda ɗazu ta yi karo da kujerar magatakarda. A yi mata uzuri, manyanta ma sun yi abin da ya fi haka.

Mota mai tuƙa kanta galibi da ido iri uku take gani: kyamara, rada, da lida mai harba hasken leza ta auna nisa. A 2016 a Florida ta Amurka, wata Tesla ta shige ƙarƙashin tirela, don ba ta bambance farin jikin tirelar da hasken sama ba. Direban ya rasu. A Maris ɗin 2018 a Tempe, jihar Arizona, motar gwajin Uber ta hango wata mata tana tura keke da daddare, saura daƙiƙa 5.6. Kwamfutar ta yi ta canza magana: mota ce, a'a keke ne, a'a wani abu ne. Tana cikin wannan gardama da kanta ta buge matar har lahira.

Ga kuma masu yi da gangan. A 2020 masu bincike na McAfee suka liƙa ɗan baƙin tef, irin na masu gyaran wuta, a allon gefen hanya da ya ce kada gudu ya wuce mil 35. Kyamarar wata Tesla ta karanta 85, motar ta ƙara wuta.

To, ina ga hazon hunturu? Ƙura tana watsa hasken leza, tana dushe kyamara, kuma babu wanda ya fi yaran nan sanin ƙura. Amma da me za su gwada? An yaye su ba su taɓa riƙe lida a hannu ba, sai hotonta a allo. Takardar neman guda ɗaya tak, ɗaya fa jama'a, ta shekara biyu a kan wani tebur. An rubuta tuni, an aika ɗan aike, an je da kai, kullum sai a ce ana dubawa. Mai teburin yana layin gaba, ga shi can yana murmushi. Ranka ya daɗe, ranar Litinin tsangaya za ta sake zuwa.