Akawu, Inji da Ɗan Adam a Gajerun Finafinai



Abin da muka tsaya a kai yau shi ne waɗansu gajerun finafinai na zane da na 'yan tsana, waɗanda aka yi a Turai wajen 1960 zuwa 1970 don yi wa ofis da inji hannunka mai sanda.

A 1966, a tsohuwar Tarayyar Sobiyet, Andrei Khrzhanovsky ya fito da labarin wani akawu mai suna Kozyavin. Maigidansa ya nuna masa hanya da yatsa, ya ce ya nemo wani Sidorov. Akawu ya miƙe sambal, bai dubi dama ko hagu ba, yana tattake duk abin da ya tarar, har ya kewaye duniya ya komo ofis hannu rabbana. Umurni dai ya bi, amma ba abin da ya haifar sai ɓarna.

A Ingila kuwa, kamfanin Halas da Batchelor ya yi Automania 2000 a 1963. A ciki, motoci sun yi yawa har sun hau kan juna, mutane suka koma zama a cikinsu, ba gaba ba baya. Abin da aka ƙera don saukin tafiya shi ya hana tafiyar.

Na ukun ya fi ɗaci. A 1965, Jiri Trnka na Cekoslobakiya ya yi Ruka, watau Hannu. Wani magini yana gina tukwanen furanni, sai wani ƙaton hannu ya tilasta masa ya riƙa sassaƙa siffarsa kaɗai. Ya ƙi, aka kulle shi a keji. Da ya mutu, hannun nan ne ya yi masa jana'izar girma. Bayan rasuwar Trnka a 1969, hukuma ta hana nuna fim ɗin kusan shekara 20.

To, 'yan'uwa, mafi yawanmu teburin ofis ke jiranmu, wasunmu ma sun riga sun zauna. Ranar da talaka ya tsaya gabanmu da takardarsa, muka ce masa ya dawo gobe ba tare da mun buɗe fayil ba, ranar mun zama Kozyavin. Doka da inji bayin ɗan Adam ne, kada mu yarda a juya zancen. In kunne ya ji, jiki ya tsira.