Gungawan Yawuri Da Ruwan Kainji

Gungawan ƙasar Yawuri, waɗanda yawancinsu Musulmi ne yau, a tsibiran Kogin Kwara kakanninsu suka zauna, suna kamun kifi, suna noman gero da dawa. Da rani kuwa sai albasa a bakin ruwa, wadda ta yi suna har kasuwannin Kudu.

A 1968 aka gama madatsar Kainji. Ruwa ya cinye tsibirai da fadamu, aka ta da mutum fiye da 40,000 a yankin. Lantarki ya tafi birane. To, masu gonakin fa?

Abin da muke roƙon Gwamnati shi ne injunan ban-ruwa, da taki a kan kari, da hanyar mota zuwa kasuwa.