Sarautar Kwana Arba'in: Labarin Thulatthana Sarkin Anuradhapura



Maƙasudin wannan lacca shi ne mu dubi wata gajeriyar sarauta a tsibirin Siri Lanka, wanda ake kira Silon kafin 1972, domin mu fahimci abin da kan biyo baya idan masu zaɓen sarki suka kauce wa ƙa'idar gādo. Madogararmu ita ce littafin Mahavamsa, tarihin sarakunan Sinhala, wanda wani malamin addinin Buda mai suna Mahanama ya rubuta da harshen Pali, ƙarnuka da dama bayan aukuwar abin.

Sarki Saddha Tissa, ƙanen shahararren Sarki Dutugemunu, ya yi shekara 18 a kan gadon Anuradhapura, ya rasu wajen shekara ta 119 kafin haihuwar Annabi Isa (A.S.). Daga cikin 'ya'yansa akwai babban, Lanja Tissa, da ƙanensa Thulatthana. Tun lokacin da uban ya bar Dighavapi a gabashin tsibirin ya koma babban birni, Thulatthana ne ya bi shi. Saboda haka ranar rasuwa ƙane na kusa da fada, wa kuwa yana nesa.

Sai fadawa suka taru, suka kirawo jama'ar malaman Buda a wurin ibada na Thuparama, kuma da yardar malaman aka naɗa Thulatthana. A lura da kyau, fadawa ba su yi gaban kansu ba. Sun nemi albarkar malamai ne don naɗin ya sami halasci a idon talakawa, domin sun san sun tsallake babba.

Albarkar ba ta hana kome ba. Da labari ya kai ga Lanja Tissa, sai ya taso, ya fi ƙarfin ƙanensa, ya karɓe mulki. Wata ɗaya da kwana 10 kacal Thulatthana ya yi yana sarauta.

To, amma abin da ya fi muhimmanci shi ne abin da ya faru bayan haka. Shekara uku cur sabon sarki ya juya wa malamai baya, bisa hujjar cewa ba su bi girma ba a hukuncinsu. A ƙasar da wuraren ibada suka dogara ga filaye da kyautar sarki, wannan horo ne mai tsanani. Daga baya aka sasanta, har ya kashe dukiya mai yawa wajen ƙawata babbar hasumiyar Ruwanwelisaya don wanke laifinsa, gama shi ma ba zai iya mulki ba tare da su ba. Ya yi shekara 9 a kan gado.

Darasi biyu ke nan. Na farko, kusanci da fada kan ba mutum rawani, amma ba ya riƙe masa shi, muddin mai haƙƙi na da rai kuma yana da mayaƙa. Na biyu, malamin da ya ba da aron mutuncinsa ga zaɓen da bai bi ƙa'ida ba, shi ma sai ya biya. Abin yabo ga Mahanama shi ne, ko da yake malami ne, bai ɓoye hannun 'yan'uwansa a cikin lamarin ba.