Talabijin da Yaƙin Neman Zaɓen Shugaban Ƙasa

An ba ni minti goma, kuma ni ma'aikacin gwamnati ne, don haka ba zan ce a zaɓi wane ko wane ba. Abin da masu bincike a jami'o'in Amurka suka gano zan kawo muku.

Yawanci ana farawa da muhawarar Kennedy da Nixon ta ranar 26 ga Satumba, 1960, a Chicago. Nixon bai daɗe da fitowa daga asibiti ba, ya rame, yana gumi a gaban kyamara. Aka yi ta yayata cewa masu rediyo sun ba Nixon nasara, masu kallo kuwa Kennedy. Ƙuri'ar jin ra'ayin da aka dogara da ita ba ta da ƙwari, domin masu rediyon da aka tambaya kaɗan ne. A 2003 James Druckman ya buga sakamakon wani gwaji: ya raba ɗalibai gida biyu, wasu suka kalli muhawarar, wasu suka saurara kawai. Waɗanda suka kalla sun fi karkata ga Kennedy. Ashe fuska tana da nata aikin.

Amma ni a ganina babban aikin talabijin ba nan yake ba. Da wuya ya sa mutum ya bar jam'iyyarsa. Abin da ya iya shi ne zaɓar mana abin da za mu damu da shi. A zaɓen 1968, McCombs da Shaw sun tambayi mutum ɗari a garin Chapel Hill waɗanda ba su yanke shawara ba tukuna, suka ga matsalolin da mutanen ke cewa su ne manya, su ne dai waɗanda jaridu da talabijin suka fi nanatawa. Iyengar da Kinder, a littafinsu na 1987, sun wuce nan. Suka riƙa nuna wa mutane labaran dare da aka yi wa gyara a ɓoye, wasu a ƙara musu labarin tsaro, wasu na tsadar kaya. Bayan 'yan kwanaki kowa ya ɗauki abin da aka cika masa ido da shi a matsayin babbar matsalar ƙasa, kuma da wannan mudun yake auna shugaban ƙasa. Malamanmu sun san wannan dabara: wanda ya tsara tambayoyin jarrabawa ya riga ya yi rabin makin.

Shi ɗan takarar ma bakinsa aka rage. Daniel Hallin ya ƙirga cewa a 1968 akan bar ɗan takara ya yi magana ta kusan daƙiƙa 43 a labarai ba tare da an katse shi ba. Zuwa 1988 ta koma kamar daƙiƙa 9. Ko gaisuwar Bahaushe ba ta ƙarewa a daƙiƙa tara, balle bayanin kasafin kuɗi.

Mu ma mun ɗanɗana, lokacin da Abiola da Bashir Tofa suka yi muhawara a NTA kafin zaɓen 12 ga Yuni, 1993. Sai dai a yi hattara wajen ɗora mana sakamakon Amurka kai tsaye. A ƙauyukanmu na Arewa rediyo ne ke shiga gona da kasuwa, ga shi yanzu wayar hannu tana yanko daƙiƙa goma daga jawabin awa guda ta watsa a WhatsApp kafin mai jawabin ya sauka daga mumbari.