Lang Ping: ranar da ta doke ƙasarta a gida

Yau ba siyasa na zo da ita ba, maganar ƙwallon raga ce.

Lang Ping ƴar ƙasar Sin ce. Saboda ƙarfin bugunta ake ce mata Gudumar Ƙarfe. A 1984, a Los Angeles, ita da abokan wasanta suka doke Amurka, suka ɗauki zinariyar Olamfik.

Amma abin da ya fi tsaya mini a rai, 2008 ne. Lokacin ita ke horar da ƴan matan Amurka, gasar kuma a Bejin ake yi. Suka haɗu da Sin, ta ci su 3 da 2 a gaban mutanenta. Wasu suka ce ai cin amanar ƙasa ne. Ni dai ban yarda ba. Aiki aka ba ta, so ake ta sayar da wasa?

A 2013 Sin ta sake kiranta. A Rio, 2016, sau uku aka doke su a zagayen farko, amma suka fitar da Brazil a gidanta, suka ɗauki zinariya. Kafin ita, babu wanda ya taɓa cin wannan lambar a ƙwallon raga yana ɗan wasa, ya dawo ya ci yana koci.

A Tokyo, 2021, tun zagayen farko aka fitar da su. Ta ajiye aikin.