LACCA A MIGA: HANYAR JIRGIN ƘASA TA KANO ZUWA NGURU

Maganarmu ta yau a kan dogon nan ce da ya ratsa arewa da mu, a ƙetaren Kogin Hadeja, watau reluwen Kano zuwa Nguru.

Jirgin ƙasa ya iso Kano cikin 1911. Da Turawa suka ga irin gyaɗar da ke fitowa daga gabas, sai suka ja reshe, ya kai Nguru cikin 1930. Tsawonsa mil 140 da 'yan kai. In ya tashi daga Kano ya bi Jogana da Zakirai, ya zo Ringim, ya wuce Taura da Gagarawa, sai Malam Madori, sai Birniwa, kana ya tuƙe a Nguru, wadda a zamanin tana Lardin Barno.

To, ku lura da abu guda. Bai shiga birnin Hadeja ba, bai shiga Gumel ba. Tudu ya bi ya bar fadama, mu kuwa da ke kudu da kogi sai mun haye ruwa kafin mu ga tasha. Ba don zumuncinmu aka shimfiɗa shi ba, jama'a. An yi shi ne don a kwashe gyaɗa da fatu da ƙiraga da ƙaro da shanu a kai Kano, abin da zai haye teku kuma a zarce da shi Ikko, tafiyar mil 700. Inda tasha ta faɗa nan kasuwa ta koma. Haka Malam Madori ta zama gari, kamfanoni suka kafa sikeli, 'yan baranda suka cika ta.

Kowa na yabon dalar gyaɗa, har hotonta ake nuna wa yara a makaranta. Amma me ya tara ta? Rashin isassun kawunan jirgi da wagunu ne bayan Yaƙin Duniya na Biyu. Buhuna su yi wata da watanni a fili, wani lokaci har sabuwar kaka ta tarad da tsohuwa, ƙwari na ci. Wanda ya noma ta fa? Tun 1949 Hukumar Ciniki ce ke yanka farashi, sau da yawa ƙasa da na kasuwar duniya, rarar kuwa ta riƙe. Ɗan baranda ya ci nasa, mai sikeli ya ci nasa. Manomin da ya yi sammako da jakinsa, ya biya kuɗin fito a mashaya, shi ke komawa gida da ɗan abin da haraji ke jira.

Farin 1973 da cutar da ta faɗa wa gyaɗa cikin 1975 suka karya cinikin. Aka rushe hukumomin ciniki cikin 1986. Lodi ya koma kan manyan motoci, kun kuwa san abin da buhun shinkafa ko kwandon tumatir ke ci kafin ya isa Kano.

Cikin 2021 aka aza harsashin sabon dogo daga Kano zuwa Maraɗi, da reshe zuwa Dutse. Wannan ma ba ta ƙofarmu zai bi ba. Saboda haka duk wakilin da ya zo neman ƙuri'a, ku tambaye shi ina wurin lodin kayan gona, nawa ne kuɗin buhu, kuma wace hanya ce za ta kai mutumin Miga tasha da damina.