Sirri da Amana a Kan Waya: SSH da Aikin Ma'aikaci Daga Nesa



Wannan lacca za ta duba yadda mutum zai zauna a Ikara, ko Maƙarfi, ko Hunƙuyi hedikwatar Kudan, ya sarrafa babbar kwamfutar da ke Zariya ko Kaduna ba tare da wani ya tsinci sirrinsa a hanya ba. Al'amarin ya shafi akawun ƙaramar hukuma mai shirya albashi, kamar yadda ya shafi ɗalibin Kwalejin Kimiyyar Lafiya ta Shehu Idris da ke Maƙarfi.

Tun 1969 akwai hanyar da ake kira Telnet, wadda ke haɗa kwamfuta da wata daga nesa. Illarta ita ce kalmar sirri takan bi waya a buɗe, tamkar wasiƙa ba ambulan. A 1995 aka gano ana satar irin waɗannan kalmomi a Jami'ar Fasaha ta Helsinki a ƙasar Finlan, sai wani mai bincike a can, Tatu Ylönen, ya ƙirƙiro SSH. Aikinta shi ne hargitsa saƙo tun daga hannun mai aikawa, yadda babu mai iya karanta shi sai kwamfutar da aka nufa. A 1999 aka fitar da OpenSSH kyauta, a shekarar kuma PuTTY ya bayyana, wanda ake iya ɗauka a filasha a yi aiki da shi a kowace kwamfuta.

Ginshiƙin tsaronta shi ne mabuɗai biyu, dabarar da Diffie da Hellman suka bayyana a 1976. Ana ajiye na fili a babbar kwamfuta, na ɓoye kuwa yana wurin mai shi. Idan ya nemi shiga, sai a gwada shi da abin da mai riƙe da na ɓoyen kaɗai zai iya amsawa. Mabuɗin kansa ba ya bin waya.

Sai dai kuma akwai wata al'ada da ta yaɗu tsakanin ɗalibai: buɗe asusun SSH na kyauta a shafukan da ke alkawarin sauri, wanda kan ƙare bayan 'yan kwanaki. A nan abubuwa biyu ne abin lura. Na farko, SSH ba ta ƙara sauri. Saƙon da ya tashi daga Ikara ya zaga ta Jamus ko Singafo kafin ya dawo Kaduna ya ƙara wa kansa tafiya ne, kuma ba zai wuce ƙarfin sabis ɗin garin ba. Na biyu, kariyar SSH tana ƙarewa ne a kwamfutar mai shafin. Yana ganin inda mutum ya nufa, yana kuma iya karanta duk abin da ba shi da wata kariya ta daban. Hausawa sun ce araha ba ta ado.

Ga ma'aikaci, abin ya wuce asarar kansa. Sunayen ma'aikata, lambobin asusun bankinsu da bayanan marasa lafiya amana ce, kuma Dokar Kare Bayanai ta Nijeriya ta 2023 ta ɗora alhakin tsare su a kan mai riƙe da su.

Saboda haka ya kamata aikin hukuma ya bi ta kwamfutar hukuma kawai. A sa wa mabuɗin ɓoye kalmar sirri, domin filasha takan ɓace a mota ko a kasuwar rake. Idan kwamfuta ta yi gargaɗin cewa shaidar wancan ɓangaren ta sauya, a dakata a tambayi mai kula da ita. Ranar da ma'aikaci ya bar ofis ko aka sauya masa wurin aiki, a ranar za a soke mabuɗinsa.